Baƙo na Shigowa Zariya: Yaya Mai Ƙaramar Sana'a Zai Same Shi ta Tallar Waya?

Masu ɗinkin babbar riga a cikin birni, dukawa, masu masaukin baƙi a Sabon Gari da Samaru, masu abinci da direbobin shata, duk tambayoyinsu kusan iri ɗaya ne idan maganar talla a Facebook da Instagram ta taso. Ga waɗanda aka fi yi.

Malam, wai da gaske akwai 'yan yawon buɗe ido a Zariya da har za a kashe kuɗi a neme su?

Akwai, sai dai ba irin waɗanda muke hasashe ba. Da an ce ɗan yawon buɗe ido, hankalinmu yakan tafi kan Bature mai rataye da kyamara. Irinsu sukan zo jefi-jefi, musamman lokacin hawan salla, amma ba su ne za su riƙe maka sana'a ba.

Baƙon Zariya na gaskiya mutum ne da wani dalili ya riga ya kawo shi. Jami'ar Ahmadu Bello, wadda aka kafa a 1962, tana janyo iyaye da 'yan uwa duk lokacin rantsar da sababbin ɗalibai da bikin yaye su, ga tarukan malamai a Samaru da Kongo. Kwalejin koyon tukin jirgin sama tana nan tun 1964. Depo na sojoji yakan cika gari da dangi ranar faretin yaye kurata, wasu daga Inugu, wasu daga Ibadan, wasu daga Maiduguri. Akwai masu jinya a asibitin koyarwa na Shika, da tsofaffin ɗaliban Barewa masu dawowa taro, da 'yan ɗaurin aure na kowace Juma'a da Asabar. Ga kuma Zazzagawa mazauna Abuja da Legas da ƙasashen waje, masu zuwa da 'ya'yansu su ga Hawan Salla da Hawan Bariki da Hawan Daushe.

Kowane ɗaya daga cikinsu zai ci abinci, zai nemi makwanci, zai so tsaraba. Da yawansu suna da yini guda da ba su da abin yi, kuma ba su san cewa tsohon ginin Masallacin Juma'a da shahararren magini Babban Gwani ya yi a shekarun 1830 yana nan da bakunan gizonsa ba, ko cewa za a iya kai su dutsen Kufena, ko tsohon cocin nan na ginin laka a Wusasa. Wannan yinin shi ne kasuwarka.

To wace kafa ce ta fi dacewa?

Facebook da Instagram da WhatsApp duk na kamfani ɗaya ne, Meta, don haka talla ɗaya za ta iya fita a biyun farko, ta kuma jefo mutum kai tsaye cikin WhatsApp ɗinka. Iyaye da magidanta masu kuɗin biyan masauki sun fi yawa a Facebook. Kayan kwalliyar ido, irin su riga da hula da jakar fata da abinci, sun fi tafiya a Instagram. TikTok na yaɗa abu da sauri tsakanin matasa, amma mai kallo daban, mai saye daban.

Kafin ka biya ko sisi, sa shagonka a taswirar Google. Kyauta ne. Baƙon da ya sauka a Kwangila da yamma yana neman masauki ba zai buɗe Facebook ba, taswira zai duba. Ka tabbatar alamar tana daidai ƙofar shagonka, ka sa lamba mai aiki da lokacin buɗewa da hotuna.

Ai ina saka hotuna kullum a shafina kyauta. Me ya sa zan biya?

Saboda abin da ka saka kyauta, yawanci mabiyanka ne ke gani, su ma ba duka ba, kuma mabiyanka maƙwabtanka ne da abokanka na Tudun Wada. Sun san ka, ba su buƙatar ɗakin kwana a Zariya. Kuɗin da kake biya na kai hotonka ne gaban wanda bai taɓa jin sunanka ba, a garin da ka zaɓa.

Hanya biyu ce. Akwai maɓallin nan na Boost da ke ƙarƙashin abin da ka saka, mai sauƙi, ya isa ga mai farawa. Akwai kuma Ads Manager, wato wurin tsara talla na Meta, inda zaɓi ya fi yawa. Ko wanne ka bi, ka yi shi da shafin kasuwanci, ba shafinka na kanka ba.

Su wa zan ce a nuna wa tallar?

Nan ne yawancin kuɗin mutanenmu ke zurarewa. Mai masauki zai zaɓi Zariya a matsayin wurin talla don shi a Zariya yake, sai tallar ta yi ta yawo a wayoyin mutanen da kowannensu ke da gadonsa a gida. Wani kuma ya zaɓi Najeriya baki ɗaya, kuɗin su narke cikin kwana biyu a hannun waɗanda ba su da niyyar zuwa.

Ka tambayi kanka: a ina baƙona yake a lokacin da yake yanke shawara? Idan masauki ne ko motar shata ko rakiya zuwa wuraren tarihi, shawarar a gida ake yin ta, kafin a kama hanya. Saboda haka tallar ta fita a Abuja, Kaduna, Kano, Legas, mako biyu ko uku kafin bikin. Kaduna na da nisan kusan kilomita 80, mai zuwa daga can yakan iya komawa a ranar, to shi abinci da tsaraba za ka tallata masa. Mai tasowa daga Legas kuwa dole ya kwana.

Idan kuma abinci kake sayarwa, ko kilishi, ko kayan tsaraba, baƙon ya riga ya shigo gari. A nan sai ka dasa alama a taswirar tallar, ka ja ƙaramin da'ira na 'yan kilomitoci kewaye da babbar ƙofar jami'a a Samaru, ko PZ, ko Shika, a kwanakin taron kaɗai. Meta na nuna talla ga mazauna wurin da kuma waɗanda suka shigo kwanan nan, don haka 'yan gari ma za su gani. Ka tace su da kalmomin farko: "Kun zo bikin yaye ɗalibai?" Wanda abin bai shafa ba zai wuce.

Shekaru ma a duba. Mai biyan kuɗin ɗaki ba ɗalibi ba ne, mahaifinsa ne ko yayarsa. Kada kuma ka ɓata lokaci neman zaɓin addini ko ƙabila, Meta ta cire irin wannan tun farkon 2022.

Game da hawan salla, ka jira sanarwar fada kafin ka zuba kuɗi, domin an taɓa samun shekarun da aka dakatar da hawa.

Nawa zan ware?

Abin da in ya tafi ba zai taɓa jarinka ba. A ce ka ware naira 3,000 a rana na kwana 7, ya zama 21,000. Idan mutum 30 suka yi maka magana, kowane saƙo ya tsaya maka a naira 700. Idan uku suka kama ɗaki ko suka sayi riga, kowane ciniki ya ci 7,000. Ga mai babbar riga ta ɗinkin hannu wannan riba ce, ga mai sayar da kwanon tuwo hasara ce. Wannan misali ne kawai, farashin na hawa da sauka saboda gwanjo ake yi tsakanin masu talla, amma lissafin da za ka riƙa yi ke nan.

Ka sani ana ɗora harajin VAT na kashi 7.5 cikin ɗari kan tallar Meta a Najeriya tun Janairun 2022. Kuma ka bar talla ta yi 'yan kwanaki kafin ka yanke mata hukunci. Kashe ta bayan awa shida don ba a kira ba gaggawa ce.

Me zan nuna? Ba ni da kyamara mai tsada.

Wayarka ta isa, in dai ka goge gilashinta ka fita inda haske yake. Abin da ke kashe tallarmu shi ne takardar sanarwa cike da rubutu da launi bakwai, lambar waya uku da addu'a a ƙasa. Babu mai tsayawa ya karanta.

Gani ya kori ji. Mai ɗinki ya zauna a zaure da hantsi, a matso da wayar kusa da hannunsa: allura na nutsewa cikin shadda, zaren na fitowa, babban yatsa na danne shi, aska takwas na bayyana kaɗan-kaɗan a ƙirjin rigar. Daƙiƙa goma sha biyar. Sai murya ta ce wannan rigar ta ɗauki makonni ana yin ta da hannu, ga kuɗinta, ga inda muke. Wanda ya saba da ɗinkin inji a kasuwar Wuse ta Abuja zai tsaya ya kalla, don ya san bambancin. Baduku ya nuna yadda yake yanka jar fata yana saƙa bakin jaka. Mai masa ta nuna tanda na ƙara da safe.

Mai masauki kuma ya nuna abin da baƙo ke tsoron tambaya: banɗaki, famfo na zuba, sola ko janareta, wurin ajiye mota, mai gadi a ƙofa. Ya nuna ɗakin yadda yake yau. Ɗauko hoton otal ɗin Dubai daga intanet cin amana ne, kuma baƙon da aka yaudara zai rubuta a taswirar Google inda kowa zai gani shekara da shekaru.

A faɗi farashi. Wannan ɗabi'ar ta "shigo inbos" tana korar baƙo, don yana zaton za a duba shi ne a yanka masa kuɗi.

Abu ɗaya da nake roƙo: mutuncin mutane ya fi talla. Kada a ɗauki matan aure a cikin gida, ko almajirai, ko masu ibada, a sa a talla ba da yardarsu ba. A fada da masallaci a nemi izini. Baƙon da ka kawo ma ka koya masa haka.

Da Hausa zan rubuta ko da Turanci?

Ka yi biyu, kowace da nata kuɗin. Ta Hausa zuwa Kano, Katsina, Sakkwato, har Maraɗi da Damagaram in kayanka na tafiya can. Ta Turanci mai sauƙi zuwa Legas da Fatakwal. Abuja a gwada duka. Bayan mako ka ga wadda ta fi kawo masu magana.

Idan baƙo ya tambaye ni maganar tsaro fa?

Zai tambaya, kuma yana da gaskiya. Labarin hanyar Abuja zuwa Kaduna da harin jirgin ƙasa na Maris 2022 ba su fita daga zukatan mutane ba. Kada ka ce masa "ba komai" don kawai ya zo. Ka gaya masa halin da ake ciki a makon, ka ba shi shawara ya yi tafiyar rana, ka haɗa shi da direban da ka sani zai ɗauko shi daga tashar Rigasa ko filin jirgin Kaduna ko na Kano. Wuraren bayan gari irin Turunku, sai ka tambayi mutanen yankin kafin ka yi alkawarin kai kowa. Ran mutum ne a hannunka, kuma baƙon da ya ga ka damu da lafiyarsa shi ne zai ba ɗan uwansa lambarka.

Tallata ta samu ɗaruruwan masu so da yabo, amma ba wanda ya saya. Me ya faru?

Mai yiwuwa abin da ka ce a nemo maka ke nan. Wajen saka talla akan tambaye ka manufarta. Idan ka zaɓi manufar samun martani, Meta za ta nemo mutanen da suka saba danna alamar so su rubuta "Masha Allah" su wuce. Ka zaɓi manufar saƙonni, maɓallin ya kai su WhatsApp.

Idan kuma saƙonnin na shigowa amma ciniki ba ya faɗawa, duba gidanka. Wata Hajiya a Abuja ta rubuto da ƙarfe tara na dare tana tambayar ɗaki biyu ranar Juma'a, wayar na hannun yaron shago, ba data, sai washegari da la'asar aka amsa da "eh akwai". Ta riga ta kama wani wuri. Ka sauke WhatsApp Business, ka jera kayanka da farashinsu a ciki, ka shirya gaisuwa da amsoshin da ake yawan nema. A amsa da ladabi: "Sannu Hajiya, akwai, ga hotunan, ga kuɗin, ga taswira." Kwatancen ma a yi shi don baƙo. "Bayan Ƙofar Doka kusa da gidan Alhaji" ɗan gari kaɗai zai gane.

Duk wanda ya zo, tambaye shi inda ya gan ka, ka rubuta a littafi.

Ba gara in ba wani sananne a TikTok ya tallata ni ba?

Yana yin amfani idan masu binsa su ne baƙinka. Ka ce ya nuna maka garuruwan da mabiyansa suke, yana iya gani a wayarsa. Mai mabiya kaɗan da ke yawo yana nuna wuraren tarihi da abincin Arewa ya fi maka mai miliyan da ake bi don barkwanci. Ku yi yarjejeniya a rubuce, har da izinin ka yi amfani da bidiyon a tallarka. Ka kuma dubi halinsa, domin sunanka zai haɗu da nasa.

Akwai abin da zan kiyaye na doka ko na 'yan damfara?

Hukumar ARCON ce ke kula da talla a Najeriya a ƙarƙashin dokar 2022, kuma ikonta ya haɗa da tallar intanet, don haka idan harkarka ta fara girma ka nemi bayanin tantancewarta. Masu maganin gargajiya su yi hattara sosai da alkawarin warkarwa, Meta kanta tana rufe asusu a kan haka.

Damfara kuwa, da ka fara talla za ka ga saƙo wai daga Meta, cewa za a rufe shafinka cikin awa 24 sai ka danna wani mahaɗi. Ƙarya ce, kalmar sirrinka suke nema. Ka kunna tabbatarwa mai mataki biyu a Facebook da WhatsApp, kada ka karanta wa kowa lambobin da aka turo maka. Idan wani yaro ne ke yi maka tallar, ka ba shi matsayi a shafin, mallakar ta zauna a hannunka. Wanda ya ce ya turo kuɗin kafin alƙalami, ka buɗe manhajar bankinka ka gani da idonka kafin ka ajiye masa ɗaki ko ka kai kaya tasha.