Sauya wa radiyetar ɗumama ɗaki wuri

Radiyeta wani faffaɗan ƙarfe ne da ake ratayawa a bango a gidajen ƙasashen sanyi irin su Birtaniya, Jamus da Rasha. Ruwan zafi ne ke tasowa daga tukunyar ɗumama gida, ya bi bututu ya ratsa cikinta, ya koma. Aikinta ɗaya ne da na lagireton mota, sai dai zafin da lagireto ke zubarwa a iska shi ne nan ake so ya zauna a ɗaki. Ana danganta ƙirƙirarta da Franz San Galli, wani ɗan kasuwa a birnin San Fitasbag na Rasha, wajajen 1855.

Masu gida kan sauya mata wuri idan za su rushe bango, ko su buɗe sabuwar ƙofa, ko ta tare inda gado ko kujera za su zauna. A ido aikin kamar sauke allo ne daga ƙusa. Ba haka yake ba, domin kowace radiyeta gaɓa ce a jikin zagayen ruwan gidan gaba ɗaya.

Zaɓen wuri

Yawancin ɗumin ba daga jikin ƙarfen yake bugo mutum kai tsaye ba. Iska mai sanyi ce ke shiga ta ƙasa, ta yi zafi, ta tashi sama ta zagaya ɗakin. Shi ya sa tun da can ake ajiye ta ƙarƙashin taga: sanyin da ke gangarowa daga gilashi sai ya ci karo da ɗumin da ke hawa. Tagogi masu gilashi ruɓi biyu sun rage wannan buƙata, amma har yanzu wurin yana da amfani, tunda ba a cika jingina kaya a nan ba. Ana barin tazarar santimita 10 zuwa 15 tsakaninta da ƙasa. Babban kuskure shi ne a kai ta bayan doguwar kujera ko labule mai jan ƙasa, mai gida ya riƙa biyan kuɗin gas yana ɗumama bayan kujera. Bangon ma sai an duba ƙarfinsa, don babbar radiyeta ta ƙarfen zubi tana iya haura kilo 100.

Yadda ake aikin

Ana kashe tukunya a jira ruwa ya huce, sannan a jona tiyo a mazubin da ke ƙasa da ko'ina a zuƙe ruwan zuwa waje. Radiyeta tana da bawul biyu. Ɗaya shi ake murɗawa kullum, galibi mai daidaita zafi da kansa, irin wanda Mads Clausen na kamfanin Danfoss a Denmak ya fara ƙerawa a 1943. Na biyun yana ƙarƙashin hula, shi ke raba ruwa tsakanin ɗakuna. Gwanin aiki yakan ƙirga sau nawa ya murɗa shi kafin ya rufe, don ya mayar da shi yadda ya same shi. In ba haka ba wani ɗaki ya yi zafi, na ƙarshen layi ya kwana da sanyi.

Ragowar ruwan da ke fitowa idan an kwance baƙi ne wuluk, lakar tsatsar ƙarfe ce, kuma in ta taɓa kafet da wuya ta fita. Don haka ake shimfiɗa tsummoki, a tara roba, a kife radiyetar bakinta sama kafin a ɗauke ta.

Jan sabon bututu shi ne ainihin wahalar. A Birtaniya an fi amfani da na jan ƙarfe mai milimita 15, ko siriri mai milimita 8 ko 10, yanzu kuma har da na roba. Idan daɓen katako ne, ana ɗaga shi a bi ƙarƙashi, amma ƙa'idar gini ba ta yarda a sassaƙe katakon da ke ɗauke da daɓen fiye da kashi ɗaya cikin takwas na kaurinsa daga sama zuwa ƙasa ba. Idan siminti ne, ko dai a fasa, ko a haƙura bututu ya bi gindin bango a fili.

Bayan an haɗa sai a cika ruwa, a zuba maganin hana tsatsa, a buɗe ƙaramin bawul na sama da makullinsa har iska ta gama huci ruwa ya ɗigo. A rufaffen tsari, wato wanda ba shi da buɗaɗɗen tankin ruwa a sama, allurar ma'aunin matsin ruwa takan tsaya tsakanin bar 1 da 1.5 kafin a kunna.

Doka

A Birtaniya mutum na iya yin aikin ruwan da kansa, amma taɓa tukunyar gas sai mai rajista da Gas Safe, hukumar rajistar masu aikin gas, wadda ta gaji tsohuwar hukumar CORGI a 2009. A dogayen benayen Rasha bututu ɗaya ne ke ratsa gidaje daga ƙasa zuwa sama, don haka sai an nemi masu kula da ginin sun tsayar da ruwan maƙwabta. A Mosko an haramta kai irin wannan radiyeta baranda.