Jeren folda a ƙagaggun labaran soyayya

Jeren folda salon kwatance ne da marubuci kan aro daga yadda kwamfuta da waya ke adana fayil, domin ya nuna matsayin mutane a zuciyar tauraron labarinsa: wa ke sama, wa ke ƙasa, wa aka ɓoye.

An bayyana wannan tsari na adana fayil a 1965 cikin aikin Multics, wata manhajar tafiyar da kwamfuta, a Amurka. Daga 1969 Ken Thompson da Dennis Ritchie suka kafa shi a manhajar Unix, sannan manhajar MS-DOS ta same shi a 1983. Tushe ɗaya ne, daga gare shi foldoji ke rassa, wata cikin wata, kuma kowace folda uwa ɗaya gare ta.

Mai karatu a Sakkwato ba ya buƙatar dogon bayani a nan, tunda littattafan soyayya da yawa yanzu a waya suke iso masa, ta WhatsApp ko manhajar karanta labarai ta Wattpad, shi ma a folda yake tara su. Idan labari ya ce saurayi ya kai hotunan budurwarsa can cikin folda ta uku, ya raɗa wa foldar suna "Takardun makaranta", an gama gaya wa mai karatu cewa gida ba su san da maganar ba.

Inda kwatancin ya fi armashi shi ne sharewa. Fayil ɗin da aka goge ba ya ɓacewa nan take. Na'urar sunansa take cirewa daga lissafi, ta ɗauki gurbinsa a matsayin fili, bayanan kuwa suna nan sai an rubuta wani abu a kansu. Shi ya sa wani lokaci mai gyaran waya kan dawo da hotuna daga katin memori. Tsohuwar soyayya a labari haka take: an daina ambaton suna, an ɗaura aure da wani, amma ba a cike gurbin ba.

A labarin kishiya kuwa sai an yi hattara. Shari'a ta daidaita matan aure a rabon kwana, don haka a kan layi ɗaya ya kamata uwargida da amarya su zauna ƙarƙashin gida. Marubucin da ya cusa ɗaya cikin foldar ɗaya ya riga ya tuhumi mijin da rashin adalci, ko da bai furta ba.