Mota mai jan baya 'yar Japan a Kano: tambayoyin da aka dame ni da su

Shekara tara ke nan ina hawa Lexus GS300 ƙirar 2002, kafin ita kuma na riƙe Toyota Cressida har ta tsufa a hannuna. Tun da samari suka fara rububin Lexus IS250, ko wajen ɗaurin aure na je sai an ja ni gefe da tambayoyi, kuma kullum su ɗin ne dai. Bakina ya gaji. Ga su nan a rubuce, duk wanda ya sake tare ni wannan zan tura masa.

Wai mene ne ma jan baya?

Inji a gaba a miƙe, giya a bayansa, sai dogon ƙarfen nan, furofela, ya ratsa ta ƙarƙashin mota ya kai ƙarfi ga aksil ɗin baya. Tayoyin baya su tura, na gaba su juya. Camry da Corolla da Accord jan gaba ne. Shi ke nan.

An ce ba ta dace da hanyoyinmu ba.

Wa ya ce? Fijo 504 da aka riƙa haɗawa a Kaduna jan baya ce, kuma ita ta yi ta jigilar iyayenmu daga Kano zuwa Maiduguri shekara da shekaru. Matsalar IS250 ba jan baya ba ne, gajarta ce. Cikinta kusa yake da ƙasa. In gidanku a lungun da ruwa ya zaizaye yake, za ka riƙa jin tana gurzar ƙasa safe da yamma. Dubi layinku kafin ka dubi mota.

Alhaji, dillali ya nuna min Toyota Mark II mai kyau, amma an juya mata sitiyari. In saya?

Kada ka saya. A Japan hannun hagu suke bi, don haka motocin da aka ƙera don cikin gidansu, irin su Mark II da Chaser da Altezza, sitiyarinsu a dama yake. Mu kuwa tun 1972 Najeriya ta koma bin hannun dama, kuma doka ba ta yarda da mai sitiyari a dama ba. Juyin nan da ake yi, an yanka ƙarfe an yi walda, an ƙara wayoyi, an matsar da birki. Ba ka san hannun da ya yi aikin ba, kuma a kansa za ka ɗora iyalinka. Nemi wadda aka ƙera don Amurka ko Turai tun asali: GS300, IS300, IS250, LS400, ko Infiniti G35. Ka kuma ga takardar kwastam da idonka, ka gwada lambar bodi da ta takarda harafi bayan harafi.

Tana shan mai?

Tana sha. GS300 da IS250 silinda shida ne, ga nauyi. Tankin GS300 lita 75 ne, na IS250 lita 65, ka buga da kuɗin lita na yau. Tun da aka cire tallafi a watan Mayun 2023 wannan lissafin ba na wasa ba ne. In shi ne babbar damuwarka, sayi Corolla, ba abin kunya ba ne.

Bakanikena ya ce a cire tamostat a haɗa fanka kai tsaye, wai don zafin Kano.

Wannan magana na ji ta ya fi a ƙirga, kuma duk sanda na ji sai raina ya ɓaci. Tamostat mai lafiya ba shi ke kawo zafi ba. Aikinsa ya riƙe ruwa har inji ya kai zafin da ya kamata, wajen digiri 82, sannan ya buɗe. In ka cire shi, da asubar hunturu injin zai daɗe bai ɗumama ba, kwamfutar mota ta yi ta ƙara masa mai, kai kuma ka dawo kana kukan shan mai. In mota tana zafi a watan Afrilu, akwai dalili: lagireto ya toshe da laka, ko murfinsa ya saki, ko famfon ruwa ya gaji, ko fanka ba ta tashi. A nemo dalilin. Kuma don Allah a daina ɗura ruwan rijiya a lagireto, shi ke cinye shi da tsatsa da gishiri. Ruwan Toyota ja ko ruwan hoda, gwargwadon abin da littafin motar ya ce.

Kawu, in na hau titin Zariya na ɗan taka, sai in ji gurnani daga baya, wani lokaci har kujera na rawa. An ce aksil ne, a sauya shi gaba ɗaya.

Tsaya tukuna, kada ka fitar da kuɗi. Zai iya zama aksil ɗin, amma a cikin abubuwan da ke kawo wannan ƙara shi ne mafi tsada, kuma a iya abin da na gani ba shi ne ya fi yawa ba. Ba zan iya yanke maka hukunci ban shiga motar ba. Abin da zan iya shi ne in gaya maka yadda nake bi.

Fara da taya, don ita ce mai arha. Shafa tafin hannunka a kan tayar baya, gaba da baya. In ka ji tudu da kwari kamar haƙoran zarto, to taya ta ci ba daidai ba, kuma ita kaɗai ta isa ta yi gurnanin da za ka rantse aksil ne. Galibi shokozoba ce ta mutu ko saitin ƙafa ya goce. Aro tayoyi biyu masu lafiya ka ɗaura ka zaga. In ƙarar ta tafi, ka huta.

In ba ta tafi ba, samu hanya mai faɗi da sassafe, ba kowa, ka kashe rediyo da na'urar sanyi. Kana tafiya a gudun da ƙarar ke fitowa, ka ɗan karkata sitiyari dama a hankali, ka dawo hagu. In gurnanin yana ƙaruwa a gefe ɗaya yana raguwa a ɗayan, zargina ya fi tafiya ga boris ɗin taya. In kuwa karkatawa ba ta sauya komai ba, amma kukan yana tashi in ka taka totur, ya lafa ko ya sauya murya da zarar ka ɗaga ƙafa, to a nan ne za a fara maganar aksil. Ko a nan ma ban ce a sauya ba. A fara duba mansa. Mafi yawan masu irin motocin nan a garin nan ba su ma san akwai mai a wurin ba, tunda Camry ɗin da suka saba da ita ba ta da wani aksil a baya da ake zuba wa mai. Ranar da na sayi tawa na sa aka kwance toshiyar sama, yaron gareji ya zura ɗan yatsa har ƙarshe ya fito da shi a bushe. Da aka buɗe ta ƙasa, abin da ya zubo baƙi ne ƙirin mai wari, maganaɗisun toshiyar kuma ya tara garin ƙarfe kamar gashi. Gari mai laushi kaɗan ba komai ba ne. In ka ga ɓarɓashi mai ƙyalli da za ka iya tsinta da farce, lamari ya yi nisa. In man ya yi fari-fari kamar koko da madara, ruwa ne ya shiga, wataƙila ranar da ka kutsa ambaliya da damina. Man da ake zubawa mai kauri ne, mai alamar GL-5, ba baƙin mai ba, ba man giya mai sarrafa kanta ba. Kuma a fara kwance ta sama kafin ta ƙasa, kada a zubar da mai sannan a tarar ta sama ta ƙi buɗuwa. Sabon mai yakan rage kuka, wani lokaci ma ya ɗauke shi, amma haƙorin da ya riga ya ci ba ya dawowa. Aksil mai ɗan kuka na iya yin shekaru a haka, na iya kuma ƙaruwa cikin wata biyu. Kunnenka ne zai gaya maka.

Rawar kujera kuma wata magana ce daban. In tana zuwa ne lokacin tashi daga tsaye ko a ƙaramin gudu, kamar ana buga ƙasan mota daga tsakiya, a duba robar da ke riƙe furofela a tsakiyarta, da mahaɗanta na gaba da baya. In kuma in ka sa giya daga P zuwa D ko R sai ka ji "ƙwas" a baya, sau da yawa bushin ɗin da aksil ke zaune a kai ne ya yage, ko robar da ke ɗauke da giya. Duk wanda zai sauke furofela, tsaya a kansa ya yi mata alama da fenti kafin ya kwance, don ta koma yadda ta fito. An daidaita nauyinta ne a haka. Na ga motar da ta shiga gareji ba ta rawa ta fito tana kakkarwa, saboda wannan kawai.

In duk an bi an tabbatar aksil ɗin ne, ka je kasuwar Ƙofar Ruwa da tsohon a but. Na GS300 da na GS400 a ido kusan ɗaya ne, amma lissafin haƙoransu ya bambanta. Ka juya shi da hannu ka ji, ka kuma yi sharaɗin mayarwa a gaban shaida kafin ka biya.

Yaushe ake sauya tayimin bel?

Injin 2JZ na GS300 daga 1998 zuwa 2005 da na IS300 bel ne ke daidaita motsin bawul da na fistin, kuma a mil 90,000 ake sauya shi, wato wajen kilomita 145,000. Lura, 'yar Amurka da mil take ƙirga. Ba ka san tarihinta ba? Sauya shi a makon da ka saya, tare da famfon ruwa. In ya tsinke kana tafiya, bawul na iya karo da fistin. IS250 sarƙa ce, ba ruwanka da wannan.

To IS250 ba ta da matsala ke nan?

Tana da tata. Injinta yana fesa mai ne kai tsaye cikin silinda, mai ba ya wanke bayan bawul, sai baƙin dauɗa ya taru a wurin har ta fara rawa in tana tsaye. Ana buɗewa a kankare, ba mutuwar inji ba ce, kwantar da hankalinka. Irin wannan inji kuma bai da sauƙin mayarwa gas, don haka kada ka saye ta da wannan niyya. Dashbod ɗin na farko-farkon ma yana narkewa ya yi danƙo a rana. Nemi inuwa.

In sauya man giya?

In ja ne ko ya ɗan yi duhu, a zubar da na kasko a mayar da daidai abin da ya fita. GS300 ta wancan zamani T-IV take sha, IS250 kuma WS, kada a gauraya. In ya yi baƙi yana warin ƙuna, giyar ta riga ta jigata, sabon mai ba zai warkar da ita ba.

Ta mutu min a Kurna, mai jan mota ya ɗaga gaba zai ja.

Hana shi! Tayoyin baya na ƙasa suna juyawa, furofela na juya cikin giya, inji kuma a kashe, famfon man giya ba ya aiki. Kafin ku isa gareji an ƙona abin da lafiyarsa ƙalau. Ko a ɗora ta gaba ɗaya a kan mota, ko a ɗaga baya, ko a kwance furofela.

Da ruwan sama bayanta yana wutsil-wutsil.

Tayoyinka sun suɗe, ƙafarka kuma ta yi nauyi. In biyu kawai za ka iya saya, sababbin a baya za su zauna. A gefen taya akwai lamba huɗu, biyun farko mako, biyun ƙarshe shekarar da aka yi ta, ka karanta kafin ka karɓi ta gwanjo. Yawancin IS250 tayar baya ta fi ta gaba faɗi, kada mai faci ya musanya maka su. Maɓallin nan na hana santsi kuma ku daina kashe shi don burge abokai a shataletale, akwai 'yan makaranta da masu Adaidaita a kan titin.

Tambayar da ba wanda ya taɓa yi min

Boljoyin na ƙasa a ƙafar gaba, wato mahaɗin da taya ke juyawa a kansa in ka murɗa sitiyari. A GS300 da IS300 na wancan zubi, shi ke ɗauke da nauyin mota, kuma ba kullum yake gargaɗi ba. In ya fita, taya ce za ta kwanta a cikin bodi kana tsakiyar gudu. Na taɓa wuce wata a kan titin Haɗeja, hancinta a ƙasa, tayar ta lanƙwashe waje, mai ita yana zaune a bakin kwalbati ya dafe kai. Duk sanda za a sauya baƙin mai, a ɗaga gaba a sa ƙarfe a girgiza, a duba ko robarsa ta fashe. In kana da ko ɗan kokwanto, sauya duka biyun, kuma wannan kam sabo na asali za ka saya, ba na gwanjo ba.