Waiwaye: Yadda barikin sojan Rum ya zama birnin Vienna

Masu bin labaran duniya sun san Vienna, babban birnin Ostiriya, da tarukan ƙungiyar OPEC da zaman sulhu kan nukiliyar Iran. Daga nan gidan sarautar Habsburg ya mulki wani babban yanki na Turai har daularsa ta rushe a 1918. Amma a zamanin Rumawa garin bariki ne na bakin iyaka, kuma ko a lardinsa ba shi ke kan gaba ba.

Kafin Rumawa su iso, ƙabilun Kelt ne ke zaune a wannan yanki na kogin Danube. Suna da mazauni a kan tsaunin Leopoldsberg, inda ake hango kogin da duk wanda ya bi ta kansa. Tonon da aka yi a unguwar Rochusmarkt a 2014 da 2015 ya fito da wani ƙauyensu na ƙarni na ɗaya kafin Miladiyya, har da kayan buga kuɗi da alƙaluman rubutu irin na Rumawa. Ke nan fatake sun riga soja zuwa. Ƙabilar Boii da ke da ƙarfi a yankin ta sha kashi a hannun Burebista, sarkin Dacia, don haka lokacin da Rum ta haɗiye masarautar Noricum wajen shekara ta 15 kafin Miladiyya, ba ta tarar da wata turjiya mai yawa ba.

Danube ya zama iyakar daula. Wajen shekara ta 97 Miladiyya aka fara gina babban sansanin Vindobona, wato inda tsakiyar Vienna take a yau, mai ɗaukar soja kusan 6,000. Runduna ta 13 ce ta aza harsashi, ta 14 ta gaje ta, sannan ta 10 ta zo wajen 114 ta yi zamanta kusan shekara 300. A bayan ganuwa kuwa iyalan soja da maƙera da masu sayar da abinci suka kafa unguwanni, kamar yadda kasuwa ke tsirowa a gefen kowane bariki. A dandalin Hoher Markt akwai gidan tarihi da ake sauka ƙasa a ga ragowar gidajen hafsoshi, da ƙananan ginshiƙan bulo da suka ɗaga daɓen ɗaki don iska mai zafi ta ratsa ƙarƙashinsa lokacin hunturu. Ruwan sha ma daga duwatsun kudu maso yamma aka janyo shi ta magudana.

Duk da haka birnin Carnuntum, kimanin kilomita 40 gabas, ita ce hedikwatar lardin Pannonia ta Sama, da mutane wajen 50,000. A can soja suka naɗa Septimius Severus sarki a 193, a can kuma manyan daula suka yi taron raba mulki a 308. Abin da Vindobona ke tinƙaho da shi shi ne sarkin Rum Marcus Aurelius, wanda ya rasu ranar 17 ga Maris, 180, yana yaƙi da ƙabilar Marcomanni. Wani marubucin Rum ya ce a Vindobona ya cika, wani ya ce a kusa da Sirmium, cikin Sabiya ta yau. Mutanen Vienna dai ba su jira a raba gardama ba, sun sa wa titi sunansa.

A farkon ƙarni na 5 tsaron iyakar ya wargaje, wajen 433 yankin ya koma hannun mayaƙan Hun da suka zo daga gabas. Carnuntum ta zama kufai, yau gonaki da ƙananan garuruwa ne a kanta. Vindobona kuwa ganuwarta ta tsaya, kuma a ganina ita ce ta ceci garin, domin duk wanda ya dawo neman mafaka cikinta ya fake. Sunan Wenia ya bayyana a rubuce a 881, kuma a tsakiyar ƙarni na 12 gidan sarautar Babenberg, mai mulkin Ostiriya a lokacin, ya kafa fadarsa a cikin tsohon sansanin.

Ramin tsaron da Rumawa suka haƙa a kudancin ganuwar an cike shi wajen 1200, lokacin da aka faɗaɗa birnin da kuɗin fansar Sarki Richard na Ingila, wanda aka kama kusa da Vienna a 1192. Wurin shi ne titin Graben na yanzu, mai shagunan tsada. A 2021 UNESCO ta saka wannan ɓangare na iyakar Danube, har da ragowar Vindobona, cikin kayan tarihin duniya.