Waiwaye: Dattawan da Suka Riƙe Kiɗan Soul na Memphis

Ranar 10 ga Disamba, 1967, jirgin da ke ɗauke da mawaƙi Otis Redding da makaɗan Bar-Kays ya faɗa tafkin Monona a jihar Wisconsin ta Amurka. Mutum ɗaya ne ya tsira, Ben Cauley mai busa ƙaho, yana ɗan shekara 20. Bai iya ruwa ba. Matashin kujerar jirgi ya rungume cikin tsananin sanyi har aka zo aka tsamo shi.

A zamanin birnin Memphis na tashe da kiɗan soul, wanda ya samo tushe daga waƙoƙin cocin baƙaƙen fata da kiɗan blues. Kamfanin faifai na Stax, mai fitar da waƙoƙin Redding da Bar-Kays, na Jim Stewart da yayarsa Estelle Axton, a wani tsohon gidan silima yake a titin McLemore, inda baƙi da farare ke kiɗa a ɗaki guda alhali wariya na ci a waje. Ga kuma Hi Records, inda mai shirya waƙoƙi Willie Mitchell ya fito da mawaƙi Al Green.

Daga nan abubuwa suka yi ta lalacewa. Wata huɗu bayan haɗarin aka harbe Martin Luther King a otel ɗin Lorraine da ke Memphis, wurin da mutanen Stax suka saba zama hira. Kamfanin ya durƙushe a 1975, aka rushe gininsa a 1989. Manyan mawaƙa dai sunansu ya ɗore. Makaɗan da ke bayansu, masu ganga da jita da busa, su ne duniya ta juya wa baya, kuma a ganina nan aka yi babban rashin adalci, domin a hannunsu daɗin kiɗan yake.

A 1998 wani matashi ɗan garin, Scott Bomar, mai kaɗa jitar bas, ya kafa ƙungiyar Bo-Keys, ya riƙa jawo dattawan nan ɗaya bayan ɗaya. Akwai Skip Pitts da Willie Hall, masu jita da ganga a kiɗan taken fim ɗin Shaft da mawaƙi Isaac Hayes ya yi a 1971. Akwai Howard Grimes, wanda gangarsa ke ƙarƙashin muryar Al Green. Akwai shi kansa Cauley, bayan ya yi fama da shanyewar ɓarin jiki. Faifansu na farko ya fito a 2004, a situdiyon Royal na Willie Mitchell aka naɗe shi. Abin da ya fi burge ni shi ne yara masu tasowa suna zaune gefe da gefe da masu abin, suna ɗaukar salon da kunne da ido, yadda ɗan makaɗi ke koyo a gindin ubansa.

Pitts ya rasu a 2012, Cauley a 2015, Grimes a 2022. Amma kafin nan, a 2007, Cauley ya koma bakin tafkin Monona da ƙahonsa, ya busa waƙoƙin Redding a gaban jama'a, shekara arba'in bayan an tsamo shi daga ruwan.