Ɗan wasan da bai yi ihu ba, bai iya ba ne?

A gidajen kallo na Anjamena, har Garwa da Marwa, an daɗe ana auna gwanintar ɗan wasan fim da yawan hawaye da ƙarfin murya. Wanda ya natsu kuwa, sai ka ji an ce ai wannan zuwa kawai ya yi ya tsaya.

Wannan ma'auni na dandali ne, inda dole ka ɗaga murya don na can baya ya ji. Kyamara kuwa a gaban fuska take, ko ƙiftawar ido ba ta wuce mata.

A dubi Youssouf Djaoro, ɗan Chadi. A fim ɗin Daratt na Mahamat-Saleh Haroun, 2006, ya fito a matsayin Nassara mai gidan burodi, wanda ya kashe uban wani yaro lokacin yaƙi. Maƙogwaronsa ya lalace, sai ya kara wata na'ura a wuya kafin ya yi magana. To, ina ihun zai fito? Nadamarsa a murza ƙullu take, da yadda yake satar kallon yaron.

A 2010 kuma, a fim ɗin Un homme qui crie na Haroun, ya zama Adam, mai kula da wurin ninƙaya a otal, wanda aka ba ɗansa aikinsa, shi kuma aka mayar da shi gadin ƙofa. Zama kawai yake yi shiru, amma kai mai kallo ƙirjinka ke nauyi. Fim ɗin ya ci kyautar alƙalai a bikin fina-finai na Cannes a Faransa, Djaoro kuma ya karɓi ta gwarzon ɗan wasa a bikin fina-finai na Chicago a shekarar.