Tausa ba ta narkar da jinin da ya daskare a ƙafa

An daɗe ana cewa idan ƙafa ɗaya ta kumbura, musamman ga mai jego ko wanda ya sha doguwar tafiya a mota, jini ne ya taru, sai a murza ta da man zafi ya watse. Masu faɗar haka sauƙi suke nema wa mara lafiya, kuma tausa tana taimakon gajiyar tsoka.

Amma wani kumburin daga gudan jini yake, wanda ya daskare a jijiyar da ke can cikin tsokar bayan ƙwauri ko cinya. Murza ba ta narkar da shi. Abin tsoron shi ne ya ɓalle ya bi jini zuwa huhu, numfashi ya yanke, ƙirji ya ɗauki ciwo. Ko magungunan asibiti irin su heparin da warfarin hana shi girma suke yi, jiki kuma ya cinye shi sannu a hankali, shi ya sa ake shan magani aƙalla wata 3. Gudan jinin da ya daɗe kan bar tabo a jijiyar, ƙafa ta riƙa nauyi da yamma shekara da shekaru.

A gida, a auna kaurin ƙafafun biyu da awon tela a wuri ɗaya. In bambancin ya wuce santimita 3, ga ɗumi da ciwo, a bar tausa a nufi asibiti a yi hoton jijiya.

Don Allah a tura wa 'yan uwa, musamman masu kula da jego.